Harshen uwa ba tare da uwa ba: tsokaci a kan wani fim na Idrissou Mora-Kpai

A cikin wannan ɗan nazari za mu dubi fim ɗin Indochine, sur les traces d'une mère, wanda Idrissou Mora-Kpai, ɗan ƙasar Benin, ya fitar a 2011. Masu kallo a Nijar sun san shi tun 2005, da fim ɗinsa a kan garin Arlit.

A ƙasar Tasawa, idan aka ambaci sojan Faransa baƙar fata, abin da ke zuwa a rai shi ne ayarin Voulet da Chanoine na 1899, waɗanda kaburburansu ke Maijirgi. Watau sojan da ya zo mana. Shi kuwa wannan fim yana magana ne a kan sojan da ya tafi. Tsakanin 1946 da 1954 Faransa ta kai 'yan Afirka fiye da 60,000 yaƙin Indoshin. Wasu sun haihu da matan Biyetnam. Da yaƙi ya ƙare, rundunar ta kwaso da yawa daga cikin 'ya'yan zuwa Afirka, iyaye mata suka tsaya can. Mora-Kpai ya bi ɗaya daga cikinsu, wanda ya girma a Benin, ya kuma koma Biyetnam da furfura yana bin sawun mahaifiyarsa.

A ganinmu, darajar fim ɗin ga mai nazarin harshe ita ce yadda yake girgiza kalmar "harshen uwa", wadda muka fassaro daga Faransanci muke ta amfani da ita a aji ba tare da tuhuma ba. Kalmar tana ɗauka cewa uwa da harshe da ƙasa abu guda ne. To, wane ne harshen uwar wannan mutum? Wanda ya sha da nono an yanke masa shi. Wanda ya rage masa na neman asali shi ne Faransanci, harshen rundunar da ta raba su.

Sai dai akwai giɓi. Tun daga sunan fim ɗin, uwa sawu ce kawai. Nauyin labari yana wuyan ɗa da tsofaffin soja. A nan ya kamata a haɗa shi da aikin Trinh T. Minh-ha, haifaffiyar Hanoi, wadda ta koyar da kiɗa a Dakar kafin ta yi Surname Viet Given Name Nam a 1989. Ita maganar mata ta sa a gaba: ta sa matan Biyetnam mazauna Amurka su maimaita hirarrakin wasu mata da Ingilishi mai nauyi a bakinsu, har mai kallo ya ji wahalar fassara da kunnensa.

Saboda haka muna ba da shawara a nuna wa ɗalibai finafinan biyu a jere, kafin a ba su ma'anar "harshen uwa" su haddace.