Ajamin Musulmin Sifaniya da Abin da Ya Shaida

A shekarar 1884, a wani ƙauye na ƙasar Aragon ta Sifaniya mai suna Almonasid de la Siyera, magina suna cikin gyaran wani tsohon gida sai suka tarar da littattafai jibge ƙarƙashin daɓe, waɗanda suka yi kusan shekara ɗari uku ba a taɓa su ba. Duk wanda ya dube su sai ya rantse Larabci ne, domin baƙaƙen na Larabci ne, kuma hannun na Magariba ne, dangin wanda almajiranmu suke rubutawa a allo. Amma da yawa daga cikinsu, in aka biya su da babbar murya, Balarabe ba zai tsinci kome ba face sunan Allah da na Manzonsa, alhali manomin Aragon zai ji harshen gidansu tsaf. Wannan shi ne ajamin da Sifaniyawa ke kira alhamiyado, kuma abin da ya tsira daga gare shi ya kai wajen littafi ɗari biyu.

Asalin al'amarin ya girmi faɗuwar Garnaɗa ta 1492. Tun ƙarnoni kafin wannan, Musulmin Kastil da Aragon suna zaune ƙarƙashin sarakunan Nasara bisa amana, suna da masallatansu da alƙalansu, har Larabci ya kuɓuce wa jikokinsu, ya zama sai fakihai kaɗai ke iya warware shi, su ma da ƙyar. Don haka ne Isa ɗan Jabir, muftin Segobiya, ya wallafa wani muhtasari na farillai da sunnoni da harshen Kastil a 1462, kuma masana da dama suna ɗaukarsa a matsayin wanda ya buɗe wannan ƙofa. Daga baya aka tilasta wa Musulmin Kastil shiga Nasaranci a 1502, na Aragon a 1526, sa'an nan a 1567 Sarki Filib na Biyu ya haramta Larabci da tufafin Musulmi gaba ɗaya a Garnaɗa.

Malaman Magarib sun saɓa a kan hukuncin waɗannan bayin Allah. Wansharisi, mai littafin Mi'iyar wanda malamanmu suka sani sarai, ya yi fatawa cewa hijira wajibi ce a kansu, babu uzuri. Amma a 1504 wani mufti, Ahmad ɗan Abi Jum'a, ya aika musu da rangwame: su yi salla ko da da ishara, su yi taimama idan alwala za ta tona su, in an tilasta su ga haram su aikata da gaɓɓai matuƙar zuciya tana ƙi. Wannan fatawa ta biyu ce suka juya cikin ajaminsu suka yi ta kwafa, kuma ba sai an tambayi dalili ba.

Mafi yawan abin da ke cikin littattafan fiƙihun Malikiyya ne, kamar Risalar Ibn Abi Zaid, wadda har gobe ake karanta ta a zaurukan Kano da Zariya, sai tarjamar surori, da huɗubobi, da addu'o'i, da laƙanin magani. Akwai kuma ƙissoshi: yaƙoƙin Sayyadina Ali, labarin Zulƙarnaini, da waƙar Annabi Yusuf, wadda aka tsara a kan ma'aunin baiti mai ɗango huɗu irin na malaman coci na Kastil. Ba zan ce adabi ne mai ƙawa ba. Galibinsa tarjama ce ta bi-da-bi, kalma bisa kalma, yadda malami ke fassara wa ɗalibi a zaure, har ginin jimlar Larabci yana leƙowa ta ƙarƙashin Sifaniyanci. Kuma lafuzzan ibada, irin su salla da zakka da alwala, ba su yarda sun musanya su da na Nasara ba, sai suka ɗora musu ɗafe-ɗafen harshensu suka ci gaba.

Akan ce sun zaɓi baƙaƙen Larabci ne don ɓoye sirri, amma wannan hujja ba ta da ƙarfi a wurina, saboda al'adar ta fara tun suna da 'yancin addininsu, kuma bayan hani, takarda mai baƙin Larabci ita kanta shaida ce da kotun binciken aƙida ta coci take kama mutum da ita, ko da abin da ke ciki lissafin bashi ne. Mai neman ɓuya ba ya ɗaukar abin da zai tona shi. Abin da ya fi kusa da gaskiya shi ne, da harshe ya tafi, harafin Alƙur'ani ne kaɗai ya rage musu na nasaba da sauran al'umma, suka riƙe shi bisa sanin haɗarinsa. Nan ne ajaminsu ya rabu da namu: Nana Asma'u da malaman zamaninta sun yi ajami ne don isar da ilmi ga jama'ar da ke ƙaruwa, su kuwa waɗannan sun yi ne don tsare ragowar ilmin da ke ƙarewa.

Wanda ya fi ba ni sha'awa cikinsu shi ne marubucin da ba a san shi da wani suna ba sai Saurayin Arebalo, wanda ya zaga ƙasar a ƙarni na 16 yana neman tsofaffin da suka ga zamanin Musulunci, har ya zauna gaban wata tsohuwa a Garnaɗa yana ɗaukar ilmi. Masu bincike sun gano cewa wasu maganganun zuhudu da ya jingina wa malaman Musulunci daga littafin wani rahibi, Tomas na Kempis, ya ɗebo su. Wasu za su kira wannan ha'inci. Ni ina ganin alama ce ta mutumin da ya tashi a makarantar Nasara, ba shi da wata taska da zai ciyar da 'yan'uwansa daga ciki sai ita. Haka kuma bayan korar da Filib na Uku ya yi musu tsakanin 1609 da 1614, wadda ta fitar da mutum wajen 300,000, an sami wani daga cikinsu a Tunis yana rubuta nasiha ga Musulmi da baƙaƙen boko, yana kafa shaida da baitocin mawaƙin Nasaran Sifaniya, Lope de Bega.

Saboda haka littattafan nan suka shiga cikin muhawarar da Sifaniyawa suka daɗe suna yi game da ko su wane ne. Ameriko Kastro, a littafinsa na 1948, ya tafi a kan cewa zaman Nasara da Musulmi da Yahudu wuri guda shi ya haifi Basifaniye; Sances Albornos ya mayar masa da martani a 1956, yana cewa asalin ya riga zuwan Larabawa, kuma Musulunci baƙo ne da ya karkatar da tafiyar. Dukansu biyu suna gudun hijira daga mulkin Faranko a Sifaniya, kuma a Buwenos Aires aka buga littattafan biyu. Sarakunan Sifaniya na dā sun hana zuriyar Musulmi ƙetarawa zuwa ƙasashensu na Amurka, ga shi kuwa ɗaya daga cikin manyan masu nazarin ajamin a zamaninmu, Luse Lopes Baralt, 'yar Fuwerto Riko ce, ɗaya daga cikin waɗannan ƙasashe. A 2015 majalisar Sifaniya ta yi doka ta bai wa zuriyar Yahudawan da aka kora a 1492 damar karɓar takardar zama 'yan ƙasa, amma dokar ba ta haɗa da zuriyar waɗanda aka kora a 1609 ba, ko da yake akwai gidaje a Rabat da Tiɗwan da Tunis da har yanzu suke amsa sunayen kakanninsu na Sifaniya.