Ahmed Musa da Mudun Gidan Kallo

A gidan kallon da na taso ina zuwa a Zakirai, an daɗe da yanke wa Ahmed Musa hukunci: gudu kawai ya iya, ya je Ingila ya kasa. Ni ma na sha faɗin haka a kan benci, janareta na ruri a bayanmu. Sai da na girma na lura cewa mudun da muka auna shi da shi ƙarami ne, domin gasar Firimiya kaɗai ake haska mana, sai kuwa ɗan abin da ya samu na Sifaniya.

Musa ya bar Kano Pillars a 2010 bayan ya ci ƙwallo 18 a kaka guda, ya tafi VVV-Venlo ta Holan. A farkon 2012 CSKA Mosko ta saye shi. Can ya yi ainihin aikinsa, can ne kuma ba mu gan shi ba. Ya ɗauki kofin gasar Rasha sau uku, a 2013 da 2014 da 2016. Da Seydou Doumbia ya tafi Roma, sai mai horarwa Leonid Slutsky ya dawo da shi tsakiya daga gefe, ya zama shi ne mashin ƙungiyar. Yaron da aka haifa a Jos ya shafe shekara huɗu da rabi yana wasa cikin sanyin Rasha, amma ban tuna ranar da muka biya kuɗin shiga don wasan CSKA ba.

Abin da muka gani shi ne Leicester. Ta saye shi a 2016 kan kuɗin da ya haura fam miliyan 16, tana riƙe da kofin Firimiya. Ya ci Barcelona biyu a wasan share fage, muka ce an gama. Daga nan sai ƙwallo biyu tak a gasar, sai zaman benci. A ganina dalilin a fili yake. Baiwar Musa ita ce ya hango fili a bayan masu tsaron gida ya riga kowa isa, kuma Leicester tana da Jamie Vardy mai wannan aikin. Ba a sarki biyu a gari ɗaya. Ga shi ƙungiyoyi sun daina raina ta tun da ta ci kofi, sun koma baya sun toshe hanya, alhali sai bango ya tsage ƙadangare kan shiga. Da aka sallami Claudio Ranieri a Fabrairun 2017, sai ya rasa wanda ya kawo shi ma.

Ba zan wanke shi tas ba. Ɗan wasan gaba na ƙwarai kan koyi karɓar ƙwallo yana juya wa raga baya, ya riƙe ta har abokansa su iso, ya yi wasa a matsatsi. Musa bai ƙware a nan ba, kuma idan ya tsere wa mutum a gefe, sau da yawa ƙwallon da zai aika tsakiya takan ɓata.

Amma a duba ranar 22 ga Yunin 2018 a Volgograd. Juma'a ce, da la'asar, wasu sun shigo da ƙasar gona a ƙafafunsu. Victor Moses ya aiko ƙwallo daga dama, Musa ya tare ta da taɓawa ɗaya, ta faɗi ta taso, ya narka ta cikin ragar Ayislan. Wannan ba gudu ba ne, ƙafa ce da natsuwa. A ta biyu ya wuce mai tsaron baya, ya kauce wa gola, ya dakata har ya zaɓi inda zai sa ta. Idan aka haɗa da biyun da ya ci Ajantina a 2014, huɗu ke nan a gasar cin kofin duniya, adadin da babu ɗan Najeriyar da ya kai.

Inda nake da ƙorafi na gaske shi ne abin da ya biyo baya. Yana da shekara 25, duniya ta sake waiwayarsa, sai ya tafi Al-Nassr ta Saudiyya. Ya ci kofi a kakarsa ta farko, ya kuma samu arziki, kuma wanda ya san yawan bakunan da ke ci daga hannun ɗan wasa ɗaya a ƙasarmu ba zai yi saurin zarginsa ba. Cibiyar wasannin da ya gina a Hotoro shaida ce cewa kuɗinsa ba su tsaya a waje ba. Duk da haka, da wannan tafiya ya rufe wa kansa ƙofar amsa tambayar da Leicester ta bari: shin zai iya a babbar gasar Turai idan aka ba shi fili? Zaman Turkiyya, a Fatih Karagümrük da Sivasspor, ya zo ne lokacin da ƙafar ta fara nauyi.

Da ya dawo Pillars a 2024, samarin garinmu sun cika mota zuwa filin Sani Abacha. Ƙanena yana cikinsu. Ya dawo yana ba ni labarin Leicester da Ayislan tiryan-tiryan, na tambaye shi wace ƙungiya Musa ya yi wa wasa a Rasha, ya ce shi bai san ya taɓa zuwa can ba.