Aljanun Gandoki da Mutanen Mai Wurno

A shekarar 1933 Rupert East na Hukumar Fassara ta Zariya ya shirya gasar rubuta labarai da Hausa. Cikin littattafai biyar da aka buga daga gasar nan akwai Gandoki na Malam Bello Kagara, wan Abubakar Imam mai Ruwan Bagaja. Da yawa cikinmu mun karanta shi a makaranta, muka yi ta sha'awar jarumin. Abin da nake so mu duba a nan shi ne sihirin da marubucin ya ƙaga, da aikin da ya sa sihirin ya yi masa.

Littafin ya rabu biyu. Kashin farko yana tsaye a kan tarihi: ga Kwantagora da Bida, waɗanda sojojin Lugga suka ci a 1901, ga dawakai da masu suna fuskantar bindiga. A nan alƙalamin Malam Bello yana da ƙarfi ƙwarai, gama yana yaro aka yi abin a ƙasarsu. Amma da aka karya mayaƙan, sai labarin ya sake hanya. Gandoki da ɗansa Garba Gagare suka faɗa wata duniya ta aljanu can gabas, inda ƙasa ba ta da nisa, abokan gaba kuma ba sa tsaya musu. Mutumin da bindiga ta kora, ga shi yanzu yana cin garuruwa. Daga baya ya komo gida, ya tarar Turawa sun kafu, ya zauna lafiya da su.

Dole mu yi wa marubucin adalci. Malami ne a Kwalejin Katsina, Turawa ne shugabanninsa, Bature ne kuma alƙalin gasar. Ba shi da halin sa Gandoki ya ci Lugga da yaƙi, zuciyarsa kuwa ba ta yarda jaruminsa ya mutu cikin kunya ba. Aljanu su ne ƙofar da ya samu. Dabara ce mai kyau, ta kuma faranta ran yara masu ɗimbin yawa. Duk da haka akwai abin da ta ɓoye.

Gabas ɗin nan da Gandoki ya nufa, akwai mutane na ainihi da suka nufe ta a zamanin nan. Da aka ci Sakkwato a 1903, Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya ya yi hijira, jama'a mai yawa ta bi shi. Aka kashe shi a Burmi cikin watan Yuli na shekarar. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da waɗanda suka rage, suna tafiya a ƙasa, har suka kai Sudan. Suka zauna a bakin kogin Nilu mai shuɗi, kudu da Sannar, garin kuwa har yau sunansa Mai Wurno. Ba aljanin da ya ɗauke su. A inda suka sauka ma Turawan Ingila ne ke mulki. Da aka gama madatsar ruwa ta Sannar a 1925, aka buɗe gonakin auduga na Jazira, Hausawa da Fulani da ake kira Fallata ko Takari suna cikin waɗanda suka yi noma da tsinkar audugar. Ƙauyukansu suka bazu a Jazira da gefen kogin.

In mutum ya ajiye labarin nan kusa da Gandoki, zai ga rashin da littafin ya yi. Sihirinsa ba shi da farashi. Jarumin bai biya shi da yunwa ba, bai biya shi da binne 'ya'ya a hanya ba, bai ɗanɗana zama baƙo a ƙasar wasu ba. Wurin da ya fi kowane zafi cikin tarihin, wato abin da ke samun mutum bayan an ci shi da yaƙi, nan ne aljanu suka tsallake da mai karatu.

Ƙaninsa ya fi shi gane wannan. Ruwan Bagaja shi ma ƙagaggen sihiri ne, amma yana da iyaka: magani ne na warkarwa, yana wuri mai nisa, kuma sai da Alhaji Imam ya sha shekaru yana yawo, yana shan wuya a hannun Malam Zurƙe, kafin ya ɗebo shi. Ko da aljanu suka taimake shi a ƙarshe, mai karatu ya riga ya ga abin da ya biya. Masu karanta Littafi Mai Tsarki za su tuna da Siman mai sihiri cikin Ayyukan Manzanni sura 8, wanda ya so samun iko ta gajeriyar hanya, Bitrus ya tsauta masa. Zuciyar ɗan adam tana son iko maras wahala. Labari mai kyau ba ya ciyar da wannan kwaɗayi.

Maganar nan ba ta tsufa ba. A watan Yuli na 2022 rikici kan ƙasa da sarauta ya tashi tsakanin Hausawa da maƙwabtansu a jihar Nilu mai shuɗi, aka kashe mutane da yawa, dubbai suka bar gidajensu. Yaƙin da ya ɓarke a Sudan cikin Afrilu 2023 ya kai Wad Madani, babban birnin Jazira, a Disamba na shekarar, ya kai jihar Sannar a 2024. Jikokin masu hijira sun sake ɗaukar kaya a ka.

Saboda haka ina roƙon matasanmu masu rubuta labaran yaƙi da aljanu: ku ƙaga sihiri, ba laifi, amma ku sa masa doka, ku sa masa farashi. Ku bar jarumin ya ji ƙishirwa. Wanda kuma yake neman labarin jarumtaka, ya je ya saurari tsofaffin Mai Wurno tun suna da rai. Rabin Gandoki da Malam Bello bai rubuta ba yana bakinsu.