Mai Taɓawa ta Biyu

Taɓawa uku doka ta ba kowane ɓangare a wasan ƙwallon raga kafin ƙwallo ya tsallaka zuwa ɗaya gefen. Ta farko ta ceto ce, ta uku kuma ta cin maki. Duk wanda ya taɓa zama kallon wasan mata a filin wasa na Ahmadu Bello ko a Dandalin Murtala a nan Kaduna ya san inda ihu yake tashi: yarinya ta taho da gudu, ta yi sama, ta narka wa ƙwallo duka, ya dira a ƙasan abokan karawa kafin su ankara. Abin ya cancanci ihun. Amma wadda ta fi ɗauke min hankali ita ce mai taɓawa ta biyu, wadda 'yan wasa ke kira seta. Ba kasafai take cin maki da hannunta ba, sai dai kusan duk makin da ƙungiyarta ta ci da duka, ta yatsunta ya bi.

Filin ba shi da wani girma, mita 18 ne a tsawo, 9 a faɗi, raga ta raba shi biyu. Tsayin ragar mata mita 2.24 ne, ta maza 2.43. Mutum shida ke kowane gefe. Idan aka bugo sabis, masu tarba na baya, musamman libero mai sanye da riga ta daban, su ke sa damatsan hannu su tura ƙwallon zuwa wani gurbi kusa da raga, ɗan dama da tsakiya. Can ne ofishin seta. Dole ta riga ƙwallon isa wurin, ta tsaya a ƙarƙashinsa, ta yanke wa za ta ba, da wane tsayi, da wane sauri, duk a cikin ƙiftawa da bismilla.

A matso kusa a dubi hannuwanta. Tana ɗaga su sama da goshi tun ƙwallo bai sauko ba, yatsu a warwatse, manyan yatsu biyu da manuniya biyu sun yi siffar alwatika, tana leƙen ƙwallon ta tsakaninsu. Ƙwallon bai fi giram 260 zuwa 280 ba, amma idan ya zo da gudu yana iya targaɗa yatsan da ya sandare. Don haka ba ta sandare su, ba ta kuma sake su gaba ɗaya. Kan yatsun ne ke karɓa, tafin hannu ba ya shiga maganar. Wuyan hannu ya ɗan lanƙwasa baya, sai ya mayar, gwiwar hannu ta miƙe, ƙwallo ya fita. Idan ya daɗe a hannunta ko da kaɗan, alƙali zai busa usur ya ce ta riƙe. Idan hannu ɗaya ya riga ɗaya, ya ce taɓawa biyu ce. Tsakanin waɗannan laifuffuka biyu akwai ɗan siririn wuri, kuma a nan ƙwararriyar seta ke rayuwa shekara da shekaru. Alamar ta iya ita ce ba ka jin ƙarar komai idan ta taɓa, kuma ƙwallon ya tashi ba ya juyawa, har kana iya karanta rubutun da ke jikinsa yana sama.

Duk da haka masu horarwa ba da hannu suke farawa ba. Za ka ji koci yana faɗa wa 'yar sabuwar shiga: "Ke yarinya, ƙafa tukuna! Ki je ƙarƙashinsa, kar ki miƙa masa hannu daga nesa." Ita kuma ta ce, "To, Koci," ta sake komawa baya. Gaskiyarsa ne. Wadda ta iso a makare tana ɗagawa ne jikinta a karkace, ƙwallon ya tafi inda ya ga dama. Wadda ta iso da wuri tana dasa ƙafar dama ɗan gaba, kafaɗunta suna kallon sandar da ke ƙarshen raga ta hagu, ta tsaya daram. Wannan tsayuwar ita ce sirrin duka, domin daga ita za ta iya aika ƙwallo gaba, ko baya ta saman kanta, ko ta ɗan ɗora shi a gabanta, ba tare da jikinta ya nuna wa kowa niyyarta ba.

Wa take ɓoye wa niyyar? Masu tarewa na ɗaya gefen, musamman doguwar da ke tsakiya, wadda aikinta kenan ta karanci seta ta ruga inda ƙwallo zai je ta ɗaga hannuwa ta toshe hanya. Wasan gaba ɗaya, in ka lura, dara ce tsakanin waɗannan biyun. Seta na da hanyoyi a hannunta. Akwai ɗagawa mai tsayi zuwa hagu, wadda ke ba mai duka lokaci, amma kuma tana ba masu tarewa lokaci su taru biyu a gabanta. Akwai gajeruwa mai sauri, inda mai dukan tsakiya take riga ƙwallon tashi, tana sama seta ta saka mata shi a hannu. Akwai ta baya zuwa dama. Akwai wadda ake ajiye wa 'yar layin baya, ta taso daga bayan layin mita 3 ta doka. In kuma seta tana layin gaba ta ga an manta da ita, sai ta yi kamar za ta ɗaga, ta tsoma ƙwallon da hannun hagu a wurin da babu kowa. Kafin a bugo sabis ta riga ta sanar da 'yan uwanta shirin da yatsu, ta ɗan ja rigarta ta kare hannun don kada a gani daga can. Idan mai tarewar tsakiya ta yi tsalle tare da mai dukan sauri, to ta shiga tarko, domin a gefe mutum ɗaya kaɗai ya rage a gaban mai duka. Wannan ratar ita seta ke nema tun daga farkon wasa har ƙarshe.

Aikin bai tsaya a dabara ba, akwai sanin halin mutane. Kamar uwargida ce mai rabon tuwo a babban gida, ta san cikin kowa. Wannan tana son ƙwallo nesa da raga kaɗan, waccan 'yar bahaguwa ce, sai an canja mata kusurwa. Wata idan ta ɓarar sau biyu jikinta yakan yi sanyi, sai a ba ta mai sauƙi ta dawo hayyacinta. Wata kuma sai wasa ya yi zafi take farkawa. Ana cin zagaye ne da maki 25, na biyar da 15, kuma dole a ba da tazarar biyu. Idan aka kai 23 da 23, wa za a ba? Ba koci ke cikin fili ba. Ita ce za ta zaɓa, kuma idan aka toshe dukan, ita za a fara tambaya.

Sai kuma juyin gurabe, wanda ke rikita sabon ɗan kallo. Duk lokacin da ƙungiya ta karɓe sabis, 'yan wasanta suna matsawa gurbi ɗaya. Manyan ƙungiyoyi da seta ɗaya suke wasa da masu duka biyar, saboda haka a juyi uku tana gaba, a uku tana baya. Idan tana baya tana da masu duka uku a gabanta, amma sai ta jira a buga sabis sannan ta sheƙo zuwa raga, kuma ba ta da izinin tarewa. Idan tana gaba masu dukanta na gaba biyu ne kawai, ga nauyin tare mai dukan da ta fi ƙarfi a ɗaya ɓangaren.

Duk wannan idan tarbar farko ta zo daidai ne. Ba a san maci tuwo ba sai miya ta ƙare. Ƙwallo ya fallatsa can wajen fili, seta ta bi shi da gudu ta juya wa raga baya, ta ɗaga shi daga nisan mita shida ko bakwai ya sauka daidai kafaɗar mai duka. A nan nake ganin 'yan wasan da suka taso a filayen waje na Kaduna suna da wata makaranta da ba kowa ke da ita ba. Wadda ta koyi ɗagawa a watan Disamba da Janairu, iskar hunturu na kaɗa ƙwallo, ƙura na shiga ido, yatsu sun bushe sun tsattsage, ta koyi rage tsayin ƙwallo da lissafa inda iska za ta kai shi. Ga kuma wasan yashi na mutum biyu-biyu, wanda Kaduna ta rungume shi duk da ba ta da teku, har tana karɓar gasar ƙasa. A kan yashi babu wadda za ta ce ita mai duka ce kawai. Idan abokiyarki ta tarba, ke ce seta, ko kina so ko ba kya so.

Wannan sana'a ba da ita aka haifi wasan ba. Lokacin da William G. Morgan ya ƙirƙiro shi a 1895 a garin Holyoke na Amurka, tura ƙwallo kawai ake yi daga nan zuwa can, don ya yi shi ne saboda magidanta da ƙwallon kwando ya yi musu tsanani. Elwood Brown ya kai shi ƙasar Filifin a 1910, kuma a can ne a 1916 aka fito da salon mutum ɗaya ya ɗaga sama wani ya doka ƙasa. Dokar taɓawa uku ta biyo baya a 1920. Ke nan gurbin seta daga Filifin ya samo asali, kuma ya dace a ce ɗaya daga cikin waɗanda suka fi ƙawata shi a wannan zamani 'yar can ce.

Jia Morado-De Guzman, wadda aka haifa a 1995, tsayinta mita 1.70 ne, gajera a ma'aunin wannan wasa. A jami'ar Ateneo da ke Manila ta yi suna, ƙarƙashin koci ɗan Tailan, Tai Bundit, tana ɗaga wa mai duka Alyssa Valdez. A 2014 sun isa wasan ƙarshe na gasar jami'o'i da sharaɗi mai nauyi: sai sun doke jami'ar De La Salle sau uku, su kuwa La Salle nasara biyu ta ishe su. Suka doke su sau ukun, Ateneo ta ɗauki kofin mata a karo na farko. A 2015 suka sake ɗauka ba a ci su ko sau ɗaya ba a wasa 16, aka ba ta kyautar gwarzuwar seta. Ta shiga ƙungiyar Creamline a 2017, inda ta karɓi wannan kyauta sau takwas a babbar gasar ƙasar. Abin da ya fi burge ni shi ne an sha zaɓenta gwarzuwar wasannin ƙarshe, kyautar da galibi masu duka ke tafiya da ita. Sai masu zaɓe sun ga wasan da idon basira kafin su miƙa ta ga wadda ba ta ci fiye da 'yan makin da za a ƙirga da yatsu ba.

A 2023, tana kan ganiyarta a gida, ta tafi Japan, ƙasar da ta shahara da wasan sauri da tsananin horo, ta shiga ƙungiyar Denso Airybees, inda ba a san ta da komai ba sai abin da ta nuna a fili. Ta dawo wa ƙungiyar ƙasarta a matsayin kyaftin, suka ci tagulla a gasar Asiya ta Challenge Cup a Manila a 2024, sannan azurfa a Hanoi a 2025, kuma duka biyun ita aka zaɓa seta mafi ƙwarewa. Wanda ya kalli bidiyon wasanninta zai ga abin da na kwatanta a sama: tsayuwa iri ɗaya, fuska a sake, ƙwallo ya bi ta bayanta alhali masu tarewa sun riga sun tafi hagu.

Kaduna ba baƙuwa ba ce a wannan fage. Ta karɓi bikin wasanni na ƙasa a 1977 da 2009. Tana da Kada Emeralds ta mata da Kada Kings ta maza, waɗanda suka yi gogayya a babbar gasar ƙasa da ƙungiyoyi irin na Kwastan da na Sibil Difens. Injiniya Musa Nimrod, wanda aka zaɓa shugaban hukumar ƙwallon raga ta Najeriya a 2017, daga nan ya fito. Dogayen 'yan mata masu ƙarfin hannu kuwa akwai su daga Kawo har Tudun Wada. Abin da nake so a ƙara ba muhimmanci shi ne renon seta, don ta fi mai duka daɗewa kafin ta nuna. Kenya, wadda ta fi kowa cin kofin Afirka na mata, ta yi shekaru tana jingine da yatsun setarta Jane Wacu.

Iyayen da ke ɗari-ɗari saboda sutura su tuna Doaa Elghobashy ta Masar ta buga wasan yashi a gasar Olamfik ta Rio a 2016 da ɗankwali da dogon hannu da dogon wando. Kayan koyon ma ba su da tsada: ƙwallo ɗaya da bango. Yarinya ta zana alama da gawayi sama da kanta, ta tsaya taku biyu baya, ta riƙa ɗagawa yana dawowa, ɗari bayan ɗari, har yatsun su daina jin tsoronsa. Daga nan ta kwanta rigingine ta ɗaga shi saitin goshinta don wuyan hannu ya yi ƙarfi. Bayan haka sai a haɗa ta da masu duka na dindindin a bar su tare kaka uku ko huɗu, saboda gajeruwar ɗagawar nan ta tsakiya ba ta zama daidai sai mutum biyu sun maimaita ta har kowace ta san takun 'yar uwarta.