Theda Bara: Mayyar da Aka Ƙera a Ofishin Talla

Duk wanda ya rubuta sunan Theda Bara a wayarsa, hotuna ne za su fara tarbarsa. Ga ta durƙushe a kan ƙwarangwal ɗin mutum, gashi a baje, ido ya sha kwalli har ya wuce misali. Ga ta kuma cikin shigar Cleopatra, da macizai na ƙarfe naɗe a ƙirjinta. Hotunan suna da yawa, kuma sun fito tas kamar jiya aka ɗauke su. Sai ka ce bari ka kalli finafinan da aka ɗauki hotunan dominsu, nan za ka tarar da ƙofa a rufe. Matar nan ta fito a fim sama da 40 tsakanin 1914 da 1926, amma waɗanda suka rage cikakku ba su wuce shida ba, biyu daga ciki ma gajeru ne na barkwanci. Wannan ya sa duk mai son yin sharhi a kanta dole ya fara tambayar kansa: aikin wa nake dubawa, nata ko na masu tallata ta?

Labarin da kamfanin William Fox ya raba wa jaridun Amurka a 1915 shi ne wai an haife ta a cikin Sahara, a gindin dalar Fir'auna ta Masar. Wata rana a ce ubanta mai zane ne ɗan Italiya, uwarta 'yar wasan kwaikwayo daga Faransa. Wata rana kuma uban ya rikiɗe ya koma shehin Larabawa. Aka ce tana da asiri, tana ganin gaibu. Aka kuma ja hankalin mutane cewa idan an jujjuya haruffan sunanta da Turanci za su ba da "Arab Death", wato mutuwa ta Larabawa. Mutum biyu ne suka fi ɗaukar nauyin wannan ƙage, Al Selig da John Goldfrap, tsofaffin 'yan jarida da suka koma harkar talla. Sukan shirya mata ganawa da manema labarai a ɗakin otal mai duhu, an turnuƙe shi da turaren wuta, ita kuma tana magana da wata irin karyayyar murya ta baƙuwa.

Gaskiyar ba ta da ko ɗigon rairayi. Sunanta Theodosia Goodman, an haife ta ranar 29 ga Yuli, 1885 a Cincinnati, jihar Ohio. Ubanta tela ne, Bayahude da ya yi ƙaura daga Poland. Ta yi shekara biyu a Jami'ar Cincinnati, sannan ta tafi New York neman sa'a a dandalin wasan kwaikwayo, inda ta shafe shekaru ba tare da ta yi wani suna ba. "Theda" gutsuren Theodosia ne, "Bara" kuma an yanko shi daga sunan wani kakanta na wajen uwa. Ba ta taɓa taka ƙasar Masar ba. Bahaushe in ya ji sunan ma dariya zai yi, domin a wurinmu bara ko shekarar da ta wuce ce, ko roƙo, ko yaron gida, ya danganta da yadda ka ja muryar. Babu mutuwa a ko ɗaya.

Ƙaryar ba ta dame mu don ƙarya ce kawai ba. Talla ta gaji haka. Abin lura shi ne irin ƙaryar da aka zaɓa. Amurka ta 1915 tana son ta kalli mace mai sha'awa a fili, mai cinye dukiyar namiji ta watsar da shi, amma ba ta son a ce irin wannan macen daga cikin gidanta ta fito. Sai aka nemo mata asali daga nesa. Saharar da mu muka sani hanya ce ta gishirin Bilma da ayarin raƙuma da malamai masu tafiya da littattafai. A ofishin Fox kuwa, Sahara wani fili ne da babu kowa, wanda za ka iya zuba duk abin da kake tsoro kuma kake kwaɗayi a cikinsa. Shekara shida bayan haka aka sake sayar da wannan hamadar da Rudolph Valentino a fim ɗin The Sheik, wannan karon namijin ne ɗan sahara mai haɗari. Kasuwar ɗaya ce.

Fim ɗin da ya ɗaga ta, A Fool There Was na 1915, yana cikin 'yan kaɗan da suka tsira, kuma ana samunsa a intanet. Frank Powell ne ya ba da umarni. An ɗauko shi daga wasan kwaikwayon Porter Emerson Browne, wanda shi kuma ya samo tushe daga wata waƙa ta Rudyard Kipling. Labarin ba zai ba mai kallon finafinanmu mamaki ba. John Schuyler attajiri ne mai mata da 'ya ɗaya, gwamnati ta tura shi Ingila aikin jakadanci. Matarsa ba ta samu binsa ba saboda 'yar'uwarta ta yi haɗari. A cikin jirgin ruwa ya haɗu da wata mace da fim ɗin bai ko ba ta suna ba, ana dai kiranta "Vampire", mai shan jini. Mu da Hausa mayya za mu ce, kuma kalmar ta fi dacewa, domin ba jini take sha ba, kurwa take kamawa. Daga nan sai Italiya, sai giya, sai aiki ya tafi, mutunci ya bi shi.

Mu faɗi gaskiya, fim ɗin ba gwanin kyau ba ne. Kusan rabin farkonsa ya tafi a nuna mana gidan Schuyler da zaman lafiyarsa, kyamara a kafe wuri ɗaya, mutane na shiga suna fita ba ka san wane ne wane ba. Amma duk lokacin da Bara ta shigo, sai fim ɗin ya farka. Akwai wurin da wani saurayi da ta riga ta tsiyata ya tare ta a kan jirgi da bindiga. Ba ta ja da baya ba, ba ta roƙe shi ba. Furen da ke hannunta ta sa ta kawar da bakin bindigar, tana dariya. Ya juya ya harbe kansa. Wannan 'yar motsin hannu ita ce mafi kyawun abu a fim ɗin gaba ɗaya, kuma ba a buƙatar rubutu a allo kafin a gane ta. Ba kyau ne makamin wannan matar ba. In ka duba da idon yau, jikinta a murɗe yake, tafiyarta da nauyi, kwalliyarta ta yi yawa. Makaminta rashin kunya ne da rashin tsoro, irin na wadda ta riga ta san ƙarshen kowane namiji tun kafin ya buɗe baki.

Ƙarshen fim ɗin ne ya fi ba mu mamaki. Matar Schuyler ta zo da 'yarsu don ta karya masa zuciya ya dawo gida, har ya fara lanƙwasa, sai mayyar ta shigo, ya koma gare ta. Ya ƙare a ƙasa, ya zama fanko, ita kuma tana yayyafa masa ganyen fure. Ba ta tuba ba, ba ta haukace ba, mota ba ta buge ta ba. Mun saba da labarin da dole muguwar mace ta ga sakayya kafin a rufe, a littafi ko a fim, don mai kallo ya tashi da kwanciyar hankali. Wannan fim na sama da shekara ɗari da suka wuce bai ba da wannan sassaucin ba. Sai dai kada mu yaba masa fiye da kima. Hikimar da ke ƙarƙashinsa tsohuwa ce: namiji wawa ne kawai, mace ce shaiɗan. Schuyler da ƙafarsa ya bi ta, amma fim ɗin yana kallonsa kamar wanda cuta ta kama.

Fim ɗin ya kawo kuɗi sosai, kuma da ribar irinsa Fox ya kafa kamfaninsa da gindinsa. Rawar da ta taka ce ta yaɗa a Turanci kalmar "vamp". Daga 1915 zuwa 1919 ta yi wa Fox kusan fim 40, ka lissafa ka ga kusan kowane wata ɗaya da rabi sabon fim. Albashinta ya kai dala 4,000 a mako, ana jera sunanta bayan na Charlie Chaplin da Mary Pickford. Ta fito a Carmen ƙarƙashin Raoul Walsh a 1915, ta yi Cleopatra a 1917 da Salome a 1918 tare da J. Gordon Edwards, wanda ya fi kowa ba ta umarni. Duk waɗannan sun ɓace.

Ta yi ƙoƙarin fita daga rigar da aka ɗinka mata. A 1916 ta fito a matsayin Juliet. A 1919 ta karɓi rawar wata baiwar Allah 'yar ƙauyen Ireland a Kathleen Mavourneen, tana fatan a ga wani ɓangarenta. Ƙungiyoyin 'yan Ireland mazauna Amurka suka tayar da ƙura, wasu saboda yadda aka nuna talaucin ƙasarsu, wasu ƙarara saboda Bayahudiya ce ta taka rawar, har aka yi hargitsi a wasu gidajen kallo. Dubi wannan tarko. Da tana 'yar Sahara ta ƙarya, an biya kuɗi an kalle ta. Da aka tuna ainihin ko ita wace ce, sai aka ce ba ta isa ta zama mutuniyar kirki a allo ba. A shekarar kwangilarta da Fox ta ƙare. Ta gwada dandalin Broadway a 1920 da The Blue Flame. Jama'a sun cika wuri, masu sharhi suka yi mata kaca-kaca. Ta auri darakta Charles Brabin a 1921, aure mai ɗorewa har mutuwarta. Ta dawo da The Unchastened Woman a 1925, sannan a 1926 ta fito a Madame Mystery na kamfanin Hal Roach, inda take yi wa tsohuwar siffarta shaƙiyanci. Ba ta taɓa yin fim mai sauti ba.

Sai gobara. Faifan fim na wancan zamani da sinadarin naitiret ake yinsa. Yana ruɓewa a hankali yana fitar da iska mai kama wuta, in kuma ya kama, ruwa ba ya kashe shi da sauƙi domin yana samar wa kansa iskar da wuta ke ci. Ranar 9 ga Yuli, 1937, ana tsananin zafi, ma'ajiyar Fox da ke Little Ferry a jihar New Jersey ta tashi. Faifai sama da 40,000 suka ƙone, ciki har da ainihin kwafin kusan duk finafinan da kamfanin ya yi kafin zuwan sauti. Abin da ya rage aka kwashe mota-mota don a tace azurfar da ke cikin tokar. Ba ita kaɗai abin ya shafa ba: wani bincike da Laburaren Majalisar Dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin ɗari na dogayen finafinan Amurka marasa sauti sun salwanta. Amma a cikin manyan taurari, da wuya a samu wanda asarar ta yi wa ƙaƙaf kamar ita. Pickford ta mallaki finafinanta, Chaplin ma haka, shi ya sa yawancin nasu suka kawo yau. Bara ma'aikaciya ce, kayan na mai gida ne, kuma mai gida ya tara su a ɗaki ɗaya.

Mu da muke aikin manhaja, abu na farko da ake koya mana shi ne kada a ajiye komai a wuri ɗaya. Amma matsalar Fox ba ta rashin dabara ba ce. Bayan zuwan sauti, babu wanda ya ga kuɗi a tsohon fim, don haka babu wanda ya damu. Kuma ba sai mun je New Jersey ba kafin mu ga irin wannan. Tun daga Turmin Danya a 1990, an yi shekaru ana zuba finafinan Hausa a kaset, daga baya a faifan CD. Wanda ya taɓa neman kwafi mai kyau na wani fim na shekarun farko ya san abin da muke nufi. Akwai jaruman mata na lokacin da yau aka fi tuna tsegumin da aka yi a kansu da hotunansu na kalanda fiye da wasan da suka yi.

To wane hukunci za mu yanke wa Theda Bara a matsayin 'yar wasa? Littattafan tarihin fim da dama sun ɗauke ta abin dariya, alamar zamanin da ake zare ido ana wurga hannu. Muna ganin wannan hukunci bai tsaya da ƙafarsa ba, domin an gina shi a kan fim ɗinta na farko a babbar rawa, wanda aka yi cikin gaggawa da kuɗi kaɗan, sai kuma hotunan talla waɗanda da ma an ɗauke su ne don su wuce gona da iri. Kamar a auna marubuci ne da littafinsa na fari da bangon sauran littattafansa. Haka kuma ba za mu bi masu cewa an yi asarar gwanar da babu kamarta ba, domin su ma ba su gani ba. Abin da za mu iya tsayawa a kai shi ne abin da ke gabanmu: a cikin fim mai rauni, mace ɗaya ta san abin da kyamara ke so, ta kuma iya ba da labari da fure ɗaya. Ko ta ƙara gogewa a shekaru huɗun da suka biyo baya, amsar tana cikin abin da ya ƙone.

Ta rasu a Los Angeles ranar 7 ga Afrilu, 1955, sakamakon ciwon daji na ciki, tana da shekara 69. A 2015 aka sanya A Fool There Was cikin jerin finafinan da Amurka ke adanawa a matsayin kayan tarihi. Daga Cleopatra kuwa, fim na kusan awa biyu da aka kashe wa dukiya mai yawa, abin da ya rage bai fi minti ɗaya ba. Mun kalli guntun sau da yawa a waya. Tana tsaye cikin kayan sarauta, ta juya kai, ta motsa kafaɗa, leɓenta na motsi tana faɗin wani abu, sai hoton ya yanke.