Loretta Young da Farar Rigar da Aka Ɗinka Mata

A cikin 'yan wasan sinima na Amurka, da wuya a sami wadda ta sha yabon masu zuwa sujada kamar Loretta Young. An haife ta a 1913, ta shiga sinima tun tana ƙaramar yarinya, ta rasu a 2000. 'Yar Katolika ce mai riƙon addini. A fim ɗin The Farmer's Daughter na 1947 ta fito a matsayin 'yar manomi mai aikatau, wadda gaskiyarta ta kai ta majalisar dokoki, har aka ba ta lambar Oska. A Come to the Stable na 1949 ta fito a sista mai fafutukar gina asibitin yara. Daga 1953 zuwa 1961 kuma ta yi shirinta a talabijin. Kowane mako sai ta buɗe ƙofa ta shigo cikin doguwar riga tana juyawa, a yi wasa mai gyaran hali, ta rufe da aya ko wata maganar hikima.

Ta iya wasa, wannan ba gardama. Muryarta a natse take, idanunta kuwa sukan gama magana kafin baki ya buɗe. Amma akwai abin da ya rage wa aikinta nauyi. Yawancin matan da ta kwaikwaya nagartarsu ba ta da tabo. Wahala daga waje take zuwa musu, kafin wasan ya ƙare an warware ta. Mai kallo zai tashi da zaton cewa mutumin kirki shi ne wanda ƙura ba ta taɓa hawa kansa ba.

Rayuwarta kuwa ba haka ta tafi ba. A 1935, bayan aikin fim ɗin Call of the Wild tare da Clark Gable, wanda yake da mata a lokacin, ta sami ciki. A zamanin nan kamfanonin sinima sukan kori wadda sunanta ya ɓaci, 'yan wasa da yawa kuma sukan zubar da ciki a ɓoye. Ita ta ƙi. Ta ɓuya ta haifi 'ya mace, Judy, aka ajiye ta a gidan marayu, sa'an nan a 1937 ta ɗauko ta, ta ce wa duniya marainiya ce ta ɗauka riƙo. Kunnuwan yarinyar irin na ubanta ne, sai aka riƙa rufe su da hula, daga baya aka yi musu aiki a asibiti. Judy ta girma kafin uwar ta gaya mata gaskiya, a 1994 kuma ta rubuta labarin a littafi. A 2015 matar ɗan Loretta ta bayyana cewa tsohuwar ta gaya wa iyalinta ba da yardarta abin ya faru ba.

To, wa za mu ɗora wa laifi? Ƙaryar ta cuci yarinyar, ba za mu wanke uwar daga wannan ba. Amma wa ya sa gaskiya ta yi tsada haka? Masu kallo ne, da yawansu masu ibada, waɗanda suke son tsarkakkiya a allo, ba su da wurin ajiye mace mai rauni. Gable kuwa ya ci gaba da aikinsa, ba abin da ya taɓa sunansa.

Mai karatu, wasan da ya fi dacewa Loretta ta yi, wato na mace mai tsoro da ta ceci ran jaririyarta amma ta kāsa kiranta 'yarta a gaban mutane, ba a taɓa rubuta mata shi ba. Wanda zai kalli finafinanta ya kalla, akwai daɗi da tarbiyya. Sai dai ya tuna akwai irinta a ikkilisiyoyinmu, suna zaune a benci na baya, suna jiran su ga ko za a ji gaskiyarsu ba a kore su ba.