Faifan Catch a Fire da Darajarsa a Wurin Masu Tara Faya-fayai

Duk wanda ya yi nazarin yadda kiɗan rege ya taso daga unguwannin talakawan Kingston har ya game duniya, lalle ba zai tsallake shekarar 1973 ba, domin a watan Afrilunta ne kamfanin Island ya fitar da faifan Catch a Fire na ƙungiyar The Wailers, wadda Bob Marley da Peter Tosh da Bunny Livingston suke jagoranta a lokacin. Asalin al'amarin kuwa shi ne, a 1972 mawaƙan suka sami kansu a Landan cikin ƙuncin aljihu, sai mai kamfanin, Chris Blackwell, ya damƙa musu fam 4,000 bisa amana, suka koma Jamaika suka ɗauki waƙoƙin. Da aka kawo su Landan, aka sa Amurkawa biyu, Wayne Perkins da John Bundrick, suka ƙara musu kiɗa, don kunnen Turawa da ya saba da rok ya karɓe su.

Amma abin da ya ɗaukaka bugun farko a idon masu tara faya-fayai shi ne kwalinsa, wanda Rod Dyer da Bob Weiner suka zayyana da siffar laitar Zippo, aka haɗa murfinsa da gangar jikinsa da ƙusa guda a gefe, ta yadda in an ɗaga murfin sai faifan ya bayyana daga ciki. Kasancewar da hannu ake harhaɗa shi, tsadarsa ta yi yawa, saboda haka bayan kwafi 20,000 aka musanya shi da kwali mai hoton Marley da Esther Anderson ta ɗauka, sunan ƙungiyar a jikin kwalin kuma ya koma Bob Marley and the Wailers.

To, da yake kwali ba ya jure yawan buɗewa da rufewa, galibin waɗanda suka saura sun yage a wajen ƙusar ko sun koɗe, shi ya sa mai saye na ƙwarai yakan fara duba nan, sa'an nan lambar ILPS 9241 ta bugun Ingila, kafin ya taya.

A ganina, hakikanin darajar wannan bugu ta wuce ƙarancinsa, domin hujja ce ta zamanin da mawaƙan uku suke kafaɗa da kafaɗa, kafin Tosh da Bunny su rabu da ƙungiyar a 1974. Wanda muradinsa sauraro ne, ya nemi bugun 2001, wanda ya zo da ainihin ɗaukar Jamaika ba tare da ƙarin Landan ba. Wanda kuwa Allah ya mallaka wa bugun farko, haƙƙi ne a kansa ya tsare shi daga zafi da laima, gama amanar tarihi ce a hannunsa.